Amsar tambayarka kan magina da maganar Babban Gwani

Ɗana, saƙonka ya iso tun shekaranjiya, ban amsa da wuri ba don ina so in zauna in rubuta maka da tsawo. Kace kana rubuta labarin wani injiniya a wata duniyar da ka ƙirƙiro da kanka, mai gina birni saman gajimare, shine kake tambaya wai a al'adarmu da gaske ne magina da aljanu suke aiki, kuma me yasa suke ɓoye sana'ar sai 'ya'yansu kaɗai. Wallahi naji daɗin tambayar nan, don ba ka taɓa tambayata abu irin wannan ba.

Toh mu fara da mutumin da kowane Bazazzagi ke kira in an zo maganar gini, Babban Gwani Malam Mika'ilu. Shi ya gina masallacin Juma'a na birnin Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wanda yayi sarauta daga 1834 zuwa 1846, kuma har gobe akwai unguwa a cikin birni da ake kira Babban Gwani. Muna yara kakarmu tana bamu labari wai da dare yake aiki, gari na wayewa sai a tarar gini ya tashi, shi yasa mutane suka ce ai aljanu ne ke miƙa masa tubali. Akwai kuma wanda ake bayarwa cewa bayan ya gama na Zariya an kira shi Birnin Gwari ya gina irinsa, da ya gama sai aka kashe shi don kada ya sake yiwa wani sarki kamarsa. Wannan labarin baka ne, haka muka tashi muka ji, kai ma in zaka saka a rubutunka ka saka shi a matsayin abinda ake faɗa.

Ni dai abinda na gani da idona a gidanmu, lokacin da mahaifinmu ya kira magini ya ɗaura mana zaure, ba aljani ko ɗaya, aiki ne da lissafi. Ƙasa ake haƙowa a jiƙa a zuba ciyawa a tattake da ƙafa, a barta ta kwana biyu ta ruɓa a sake kwaɓawa, sannan a mulmula tubali da hannu, ƙasansa da faɗi samansa tsini, a shanya a rana. Da rani ake wannan duka, ba mai hankalin da zai fara gini damina na tafe. Sai azara, itacen giginya da aka faskara, gara bata cinta shi yasa ake sonta, amma fa tana da iyaka, in ka shimfiɗa ta ta wuce kamar ƙafa shida ka ɗora ƙasa a kai zata lanƙwashe. Toh kaga nan ne gwaninta take. Yaya zaka rufe ɗaki mai faɗin da ya ninka haka sau uku ko huɗu da itacen da bai kai ba? Sai su dinga dasa azara cikin bango daki-daki, kowace tana ɗan leƙowa gaba da ta ƙarƙashinta, ana ɗaurewa da igiya ana lulluɓewa da ƙasa, ana jira ta bushe kafin a ƙara wata, daga wannan bango da wancan har su haɗu a tsakiya, shine bakan gizo. In bakan gizo suka gitta juna a sama ka samu ɗaurin guga, a kai tulluwa, wato rufin nan mai kama da kifaffiyar ƙwarya, take zama. Mutumin da bai taɓa ganin yadda ake yi ba in ya shigo ya ɗaga kai ya ga ƙasa a rataye samansa ba ginshiƙi, ai dole yace aljanu.

Maganar ɓoyewa kuma, eh akwai asiri a sana'ar, ba zan ce maka babu ba, kowace sana'ar gado tana da nata, maƙera da nasu wanzamai da nasu, kuma akwai Sarkin Magina da ke raba aiki ya sasanta rigima. Amma yawancin abinda ake kira ɓoyewa ba rowa bace, abu ne da baya faɗuwa da baki. Yaro yana farawa da ɗebo ruwa da kwaɓa, ya koma mai jefa tubali sama, shekaru kafin a barshi ya hau bango, kuma ta tafin hannu zai gane ƙasar nan ta ruɓa ko bata ruɓa ba. Wa zai zauna shekara goma yana wannan in ba ɗan gida ba?

Sannan ginin ƙasa baya ƙarewa ranar da aka gama shi. Duk shekara sai an yi yaɓe, a shafe da makuba ta kwasfar ɗorawa, a hau soro a duba indararo kada ruwa ya kwanta. Masallacin nan na Zariya an lulluɓe shi da sabon gini na siminti a shekarun 1970 aka bar tsohon a ciki, kuma ka tuna a watan Agustan 2023 wani ɓangare ya rufta ana sallar la'asar aka rasa rayuka, Allah ya jiƙansu da rahama. Ranar na kasa cin abinci.

Shi yasa nake roƙonka, injiniyan nan naka kada ka barshi shi kaɗai yana ɗaga hannu birni na tashi. Ka bashi yara masu kwaɓa, ka bashi wanda zai hau ya gyara bayan ransa, ka sa kayan aikinsa su kasance da iyaka irin ta azara, a ga yadda ya sha kanta. In ka samu zuwa Jos akwai kwafin masallacin a gidan tarihin gine-ginen gargajiya, ka shiga ka ɗaga kai ka ƙirga bakan gizon da kanka. In kuma ka zo hutun sallah sai mu shiga birni tare da la'asar sakaliya in nuna maka unguwar. Ka gaida mamanka, kace mata zumar ta iso.