Ga ƙanwarmu da ke shirin barin koyon mota saboda faɗan yayanta

Ƙanwata, na karanta tambayarki cewa shekarunki 19, yayanki ne yake koya miki tuƙi, amma tsawarsa ta sa hannunki yake rawa a kan sitiyari har kina tunanin haƙura. Wallahi sai na ji kamar labarina kike bayarwa.

Ni ɗan kawuna ne ya fara koya mini. A rana ta biyar, tun ban gama sabawa da kuloci ba, ya ce in shiga shataletalen Ƙofar Ƙaura a Katsina bayan la'asar, lokacin da 'yan acaba da masu Keke Napep suka cika hanya. Na saki kuloci da sauri, mota ta mutu a tsakiyar titi, aka yi ta danna mini ham ta kowane gefe. Maimakon ya ce in nutsu in sake tayarwa, sai ya fita ya zagayo, ya buɗe ƙofata a gaban jama'a, ya ce in koma kujerar baya tunda kaina ba ya ja. Har muka isa gida ina kuka, shi kuma da dare ya mayar da abin labarin dariya a tsakar gida. Har yau ina gaishe shi da ladabi idan mun haɗu a wurin biki, amma ban manta ba.

Kada ki yi wa yayanki rashin kunya, gaba yake da ke. Ki roƙi Baba ya sa ki a makarantar koyon tuƙi wadda Hukumar Kiyaye Haɗura ta amince da ita, domin ko lasisin ma sai da takardar makarantar da gwajin jami'an VIO masu duba ababen hawa ake ba da shi, kuma kin riga kin wuce shekara 18 da doka ta gindaya. Ki riƙa fita da sassafe kafin hanya ta cika, ki manna alamar L ta masu koyon tuƙi, kuma ki tattare hijabinki sosai, don nawa ya taɓa naɗewa a ƙafata ina neman birki.

Bara ni na tuƙa Innarmu zuwa Daura gaisuwar rasuwa, ba mu zauna jiran wani ya gama uzurinsa ba, ita kuwa tana ta sa mini albarka a hanya. Shataletalen nan ne dai har yanzu nake kauce masa idan la'asar ta yi.