Me Ya Sa Waƙar Zamani Ke Ƙara wa Wasan Kwaikwayon Ƙaramin Gari Nauyi a Zuciya?

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni matashi ne a Garwa. Ni da abokaina muna shirya wasan kwaikwayo mai dogon zango da za mu riƙa ɗorawa a YouTube, a kan rayuwar wani ƙaramin gari irin Pitowa ko Gider. Gardama ta kaure a tsakaninmu. Wasu sun ce mu zuba waƙoƙin zamani a kowane kashi domin su ne ke sa mai kallo ya ji abin a ransa, wasu kuma sun ce waƙa ɓata labari take yi, ga kuma zargin iyaye. Na lura gwaggona ba ta zubar da hawaye a irin waɗannan shirye-shirye sai an saki waƙa. Mene ne sirrin, kuma yaya ya kamata mu yi?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah, ɗan'uwa. Allah ya sanya wa aikinku albarka. Kowane ɓangare a cikinku yana da hujja, amma gardamar ba za ta mutu ba sai kun fara duba irin garin da kuka zaɓa ku ba da labarinsa, domin a can amsar take.

A ƙaramin gari kowa ya san kowa, ya san iyayensa da kakanninsa. Idan yarinya ta tsaya da saurayi a bakin famfo da la'asar, kafin a kira magariba maganar ta isa zauren mahaifinta. Mutumin da ya tashi a irin wannan wuri yana koyon kunya da kawaici tun yana ƙarami, kuma a yankinmu, inda muke zaune ƙofa da ƙofa da Fulani, tarbiyyar pulaaku ta ƙara jaddada haƙuri da haɗiye abin da ke rai. Uwa ba ta ambaton sunan ɗanta na fari, balle ta rungume shi a tashar mota tana kuka. Ɗa ba ya ɗaga ido ya gaya wa mahaifinsa cewa auren da aka zaɓa masa ba ya so. Wannan yana jefa marubuci cikin tsaka mai wuya: idan ya sa waɗannan kalmomi a bakin 'yan wasa, mai kallo zai ce wannan ba mutumin garinmu ba ne, idan kuma ya bar su shiru, mai kallo ba zai san zurfin ciwon ba. Waƙa ce ke fitar da shi, domin tana faɗin abin da kunya ta hana baki faɗi, ba tare da ɗan wasan ya zubar da mutuncinsa ba. A ganina wannan shi ne babban aikinta a irin wasanku, sauran duk rassa ne.

Kunnen gwaggonka ya saba da wannan tun kafin talabijin ta zo Kamaru a 1985. Matan Hausa sun daɗe suna sauke nauyin zuciya a waƙar niƙa da ta daka, suna yi wa kishiya habaici, suna kai ƙorafin miji inda zai ji amma ba zai iya kama kowa da laifi ba. 'Yan mata suna yin haka a dandalin gaɗa, manyan mata kuma a kiɗan ƙwarya, irin wanda marigayiya Barmani Coge ta shahara da shi. Saboda haka idan murya ta tashi a bayan hoton macen da ta sunkuyar da kai ta yi shiru, gwaggonka ta san cewa zuciyar matar ce ke magana, kuma ba ta buƙatar wanda zai fassara mata.

To, me ya sa waƙar zamani, ba algaita da kakaki ba? Kiɗan fada, irin wanda ake ji a ƙofar Lamido ranar hawan salla, da yawun jama'a yake magana: asali, sarauta, kirari. Waƙar zamani akasari muryar mutum ɗaya ce da ke cewa "ni" da "ke", shi ya sa ta dace da sirrin zuciya. Sannan tana ɗauke da shekararta a goshi. Waƙar da ta cika gidajen biki a wata shekara, duk wanda ya sake jin ta zai tuna inda yake a lokacin, da wanda yake so, da wanda ke raye a gidansu sannan yanzu babu shi. Masana halayyar ɗan Adam sun tabbatar cewa abubuwan da mutum ya ji a shekarun samartaka da farkon girma sun fi komai kafuwa a ƙwaƙwalwarsa, kuma a 2011 wasu masu bincike a Jami'ar McGill ta Kanada suka nuna cewa ƙwaƙwalwa tana sakin sinadarin dofamin, mai sa jin daɗi, a daidai gaɓar waƙar da ke sa tsigar jiki tashi, har ma tun ana jiran gaɓar ta iso. Ke nan mai kallo yana zuwa da nasa tarihin ya ɗora a kan na ɗan wasa. An ga ƙarfin wannan a 2022, lokacin da shirin Amurka mai suna Stranger Things, wanda aka gina a kan wani ƙaramin gari na ƙirƙira a jihar Indiyana, ya ɗaura wata waƙar 1985 ta mawaƙiyar Birtaniya Kate Bush a kan wata yarinya mai fama da baƙin cikin mutuwar ɗan'uwanta. Waƙar ta zama ta ɗaya a jerin waƙoƙin Birtaniya bayan shekaru 37 da fitowarta, saboda iyaye sun tuna samartakarsu, yara kuma sun ɗauke ta a matsayin muryar yarinyar.

Akwai kuma wani abu da masanin sautin fim ɗan Faransa, Michel Chion, ya bayyana a 1990: sauti yana ƙara wa hoto ma'ana, amma mai kallo yana zaton a cikin hoton ya gan ta. Ku gwada da kanku. Ku ɗauki saurayi zaune a tashar mota ta Garwa da jakarsa, yana jiran motar Ngaundare inda zai hau jirgin ƙasa zuwa Yawunde, fuskarsa ba yabo ba fallasa. Ku ɗora masa kiɗa mai sauri, za a ce yana ɗokin birni. Ku cire, ku ɗora murya guda mai jan baiti a hankali, za a rantse an ga ƙwalla a idonsa. Wannan babbar dama ce ga masu aiki da 'yan wasan da ba su goge ba, amma amana ce kuma, domin da ita ake iya yaudarar mai kallo ya yi kuka a kan labarin da bai cancanci hawaye ba.

Abin da na fi so ku tsaya a kansa shi ne daga ina waƙar ke fitowa. Akwai wadda mai kallo kaɗai ke ji, mai tace hoto ne ya shimfiɗa ta a ƙarƙashin fitowar. Akwai kuma wadda mutanen cikin labarin ma suna jin ta: daga rediyon mai shayi, daga wayar mai babur ɗin haya, daga shagon mai tura waƙoƙi a kasuwa, daga lasifikar gidan biki. A wasan ƙaramin gari ta biyun ta fi ƙarfi nesa ba kusa ba, domin a irin wannan gari sauti ba ya sanin katanga. A ce yau ake kai amarya, kuma yarinyar da jaruminku ya so ce aka ba wani. Yana zaune a ɗakinsa, lasifikar bikin tana kwararo waƙar murna ta saman katanga, ba shi da ikon kashe ta, ba shi da inda za shi da ba za ta bi shi ba, ga ƙannensa a tsakar gida suna amshi. Ba a buƙatar ya furta ko kalma ɗaya, ba a kuma buƙatar waƙar baƙin ciki, domin murnar garin ita ce ke yanka shi. Waƙar da ta saɓa wa halin da mutum ke ciki takan fi wadda ta yi daidai da shi ratsa jiki, kuma masu shirya wasanninmu ba su cika amfani da wannan ba.

Ku da kuke Arewacin Kamaru kuna da wata dukiya da Kano ba ta da irinta, wato cakuɗuwar harsuna a kunne ɗaya. A rana guda mutum yana jin nanaye na Hausa, da waƙar Fulatanci irin ta Isnebo da ƙungiyarsa ta Faadah Kawtal, da makosa ko bikutsi daga kudu, idan kuma ya matsa wajen Kusiri da Njamena ya ji waƙoƙin Larabci masu salon Sudan. Abin da ke cikin wayar ɗan wasa yana gaya wa mai kallo ko shi wane ne. Yaron da ya dawo daga Duwala da kiɗan kudu a wayarsa, ya shiga zaure ya rage sautin da ya hangi mahaifinsa, ya riga ya ba da labarin shekarun da ya yi a waje. Ranar da aka ji shi shi kaɗai yana sauraron waƙar da mahaifiyarsa ke so, mai kallo ya san ya dawo gida da gaske.

Dogon zango yana ba ku abin da fim na awa biyu ba shi da shi, wato lokaci. Shirin Daɗin Kowa na tashar Arewa24, wadda ta fara aiki a 2014, ya nuna yadda masu kallo ke zama da mutanen wani gari na ƙirƙira shekara da shekaru har su ɗauke su tamkar maƙwabta. A irin wannan tafiya, waƙa ɗaya da aka maimaita da hikima ta fi ashirin da aka watsa. Ku sa a fara jin ta da cikakken kiɗanta a ranar farin ciki. Ku ɓoye ta na wasu makonni. Sa'ad da rabuwa ta zo, ku dawo da karinta kawai a kan garaya ko sarewa, babu baiti, mai kallo da kansa zai cike kalmomin a zuci. Ina kyautata zaton abin da ke sa gwaggonka hawaye ke nan: tana kuka ne da duk abin da waƙar ta tara tun daga kashi na farko.

Abokanka masu adawa kuwa ba daga sama suka ɗauko damuwarsu ba. Finafinan Hausa na bidiyo, da suka fara da Turmin Danya a Kano a 1990, sun tashi ne a gaban masu kallon da suka shafe shekaru suna kallon finafinan Indiya, kuma da fiyano ta shigo situdiyo sai rawa da waƙa suka zama abin da ke sayar da kaset. Aka kai matsayin da labari ke tsayawa cik, saurayi da budurwa su sauya kaya su shiga lambu na minti biyar, a dawo ba abin da ya ƙaru. Ƙorafin malamai da iyaye a kan haka yana cikin abin da ya kai ga kafa hukumar tace finafinai ta Jihar Kano a 2001. Duk abin da na bayyana a sama ba ya buƙatar kowa ya yi rawa, kuma yarinyar ƙaramin gari da za ta yi rawa da saurayi a fili ta rushe kunyar da aka gina labarin a kanta. Akwai kuma wuraren da waƙa ba ta da hurumi sam. A zaman makoki, gaisuwar ta'aziyya da addu'a da shirun da ke biyo baya sun wadatar, kuma sa fiyano a kansu rashin ladabi ne da mai kallo zai ji a jikinsa. Ku kalli aikin Mahamat-Saleh Haroun na Chadi, wanda ya samu kyautar alƙalai a bikin finafinai na Cannes a 2010, ku ga yadda yake barin shiru ya daɗe, har idan kiɗa ya shigo sai ya yi nauyi.

Wajen tace hoto da sauti, kada ku bar baiti ya hau kan magana, domin kunne ba ya bin kalmomi biyu a lokaci ɗaya. Ku bari ɗan wasa ya gama, a ɗan numfasa, sannan murya ta shigo, ko kuma ku fara kiɗan a ƙarshen fitowa ya haye da mai kallo zuwa ta gaba. Kada baitin ya maimaita abin da ido ya riga ya gani. Tun da yawancin masu kallonku a waya za su kalla, ku saurari haɗin sautin a ƙaramar waya kafin ku saki, saboda lasifikarta tana haɗiye kiɗa mai kauri ta bar murya da kayan kiɗa masu siririn sauti.

Saura batun haƙƙin mallaka, wanda matasa ke raina shi har sai ya cije su. Kowace waƙa tana da haƙƙi biyu, na wanda ya tsara ta da na wanda ya mallaki naɗin, kuma dokar Kamaru ta Disambar 2000 ta kare duka biyun. YouTube yana da manhajar da ke gane waƙar da aka yi wa rajista, tana iya karkatar da kuɗin tallan bidiyonku ga mai waƙar ko ta toshe shi. Ko manya ba su tsira ba: shirin Amurka na Dawson's Creek, da ya fara a 1998 a kan matasan wani ƙaramin gari na bakin teku, sai da aka sauya masa waƙar buɗewa da wasu da dama lokacin da aka sake fitar da shi a faifai da intanet, masoyansa kuma suka yi ta ƙorafi cewa an taɓa musu ran shirin. Shawarata ita ce ku nemi mawaƙi a nan Garwa ko Marwa, ku ba shi labarin ya karanta tun kafin ku fara ɗauka, ya yi muku waƙoƙi uku ko huɗu, kowace da naɗi mai baiti da naɗin kiɗa zalla. Ku rubuta yarjejeniya da shi a gaban shaidu, a faɗi kuɗin da za a ba shi, da wuraren da za a nuna shirin, da tsawon shekarun da izinin zai ɗauka, kowa ya riƙe kwafinsa.