Tambaya da Amsa: Dutse Mai Haske, a Labari da a Kasuwa

Tambaya: Ina rubuta ƙagaggen labari a kan wata masarauta da ake yaƙi saboda wani lu'ulu'u mai haske cikin duhu, wanda guda bakwai ne kacal a duniyarsu. Masu karatuna sun ce dutsen ya cika ƙarfi. Yaya zan gyara? Marubuciya daga Fantami, Gombe.

Amsa: Malama, sun faɗa miki gaskiya. Dutsen da zai warkar da ciwo, ya haska hanya, ya hallaka maƙiyi, kuma ba ya gajiya, ya gama da labarin tun babi na biyu. Ki tsayar da inda yake samun hasken, da tsawon lokacin da yake ɗauka kafin ya dushe, da abin da mai riƙe da shi ke asara duk sanda ya yi aiki da shi.

Duwatsun gaske za su ba ki madogara. A farkon ƙarni na 17, wani mai ɗinkin takalma a birnin Bolonya na Italiya, Vincenzo Casciarolo, ya gasa wani dutse mai nauyi a garwashi, sai ya ga in dutsen ya sha rana yana haske cikin duhu, daga baya ya mutu. Ki ari wannan. Ki ce wuni guda a rana yana ba da hasken sulusin dare. Nan take kin samu makirci: abokan gaba za su jira watan Agusta da hadari ke rufe sama, ko lokacin hazo, sannan su kawo hari. Wanda ke tsaron tsaunin da ake shanya duwatsun kuwa ya fi Waziri muhimmanci, ko da bawa ne. Ki rubuta dokar a gefe, kada ki karya ta a babi na ashirin don jarumarki ta shiga tsaka mai wuya.

Tambaya: Ƙungiyarmu ta wasan kwaikwayo na son haɗa irin wannan dutse don ɗaukar fim. Me za mu saya? Mai shirya wasa, Wunti, Bauchi.

Amsa: Akwai gari mai shan haske da ake kira strontium aluminate, wanda kamfanin Nemoto na Japan ya fito da shi a 1993. Ana cuɗa shi da ruwan epoxy, wani irin gam da ke daskarewa ya yi tauri, kamar giram 15 zuwa 20 na gari a giram 100 na ruwan. Ku sayi kore, shi ya fi haske. Shuɗi na biye da shi, ja kuwa asarar kuɗi ne. Epoxy kashi biyu yake zuwa, ku auna daidai yadda aka rubuta a jikin robar, don in awo ya kuskure zai zauna da danƙo har abada. Garin yana da nauyi, yana kwantawa ƙasa, saboda haka ku jira haɗin ya fara kauri kafin ku zuba a mazubi. Kada ku zuba mai yawa lokaci guda, zai ɗau zafi ya tsage. Ku ba shi aƙalla awa 24.

Amma ga fim, Malam, garin ba zai fitar da ku ba. Haskensa yana faɗuwa sosai cikin 'yan mintoci, kyamara ba ta kama ragowar. Ku bar rami a gindin dutsen, ku sa ƙaramin ƙwan LED da batirin CR2032 mai bolt 3, ku naɗe ƙwan da 'yar auduga, ku goge bayan dutsen da samfefa. Hasken zai bazu ko'ina maimakon ya tsaya wuri guda kamar tocila.

Tambaya: An kawo mini wani dutse mai koren haske da dare, aka ce daga kogon aljannu aka samo shi, ana neman kuɗi masu yawa. In saya? Ɗan kasuwa daga Toro.

Amsa: Alhaji, riƙe kuɗinka tukuna. Ƙasar Toro tana da kuza da duwatsu masu daraja irin su tofaz da akwamarin, amma babu wanda ke kunna kansa a cikinsu. Wasu, kamar fulorayit, sukan yi haske a ƙarƙashin fitilar duba jabun kuɗi, da an kashe ta kuma shike nan. Farin dutsen ƙanƙara ma in ka goga biyu cikin duhu za ka ga walƙiya, ta ɗan lokaci.

Ka sa dutsen a tukunya, ka rufe ruf, ka bar shi kwana biyu, sannan ka buɗe da dare a ɗaki mai duhu. In ya mutu, garin da muka ambata a sama ne aka shafa ko aka cuɗa. Ka ɗora masa allura mai zafi: in ta shige ko ka ji ƙaurin roba, epoxy ne. Mai dutsen da ya hana a yi gwajin, ko yake ta fito da shi rana kafin ciniki, ya riga ya ba ka amsa.

In kuwa bayan kwana biyu yana nan da haskensa, kuma babu batir a ciki, to ka nisance shi. A 1987, a birnin Goyaniya na Birazil, masu tara tsofaffin ƙarafa sun fasa wata na'urar asibiti da aka yasar, suka sami gari mai shuɗin haske, aka yi ta rabawa 'yan uwa. Sinadarin siziyam-137 ne, mai fitar da tururin nukiliya mai cutarwa. Mutum huɗu suka rasu, kusan 250 suka gurɓata. Kada ka sa irinsa a aljihu ko ɗakin kwana, kada yara su taɓa, ka sanar da hukumar kula da harkokin nukiliya ta ƙasa, NNRA.