Kun Tambaya, Mun Amsa: Kallon Fitar Jemagu Daga Cikin Kwale-kwale

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗalibi ne a wata jami'a da ke birnin Atlanta ta ƙasar Amurka. Abokan karatuna sun gayyace ni zuwa jihar Tennessee, wai mu biya kuɗi a ba mu ƙananan jiragen ruwa da ake kira kayak, wani jagora ya kai mu bakin kogo da faɗuwar rana domin mu kalli fitar jemagu. Ni dai na taso ina ganin jemagu a bishiyoyin unguwarmu ba tare da na biya ko kwabo ba. Mene ne a wurin da ya isa a yi masa tafiyar fiye da sa'a biyu a mota?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Bisa kwatancen da ka bayar, kogon Nickajack abokanka suke nufi, wanda yake kimanin kilomita 40 yamma da birnin Chattanooga, daf da wurin da iyakokin jihohin Tennessee da Alabama da Jojiya suka haɗu. Dalilin da ya sa ake zuwa bakinsa a cikin jirgi shi ne, a shekarar 1967 hukumar raya kwarin kogin Tennessee, wadda aka fi sani da TVA, ta kammala madatsar ruwa ta Nickajack, ruwan ya taru ya zama tafki, ya kuma shiga kogon ya cinye kusan rabin tsayin ƙofarsa. Kafin wannan lokaci da ƙafa ake shiga, kuma an daɗe ana shiga: a lokacin yaƙin basasar Amurka na 1861 zuwa 1865 an haƙi ƙasar cikinsa ana tace gishirin da ake haɗa albarushi da shi, daga baya kuma aka riƙa karɓar kuɗin masu yawon buɗe ido ana zagayawa da su.

Jemagun da ke ciki ba irin waɗanda ka sani a gida ba ne. Waɗanda suke rataye a bishiyoyin garuruwanmu manya ne masu cin 'ya'yan itatuwa, su kuwa na Nickajack ƙanana ne masu launin toka, nauyin ɗaya bai fi giram 10 zuwa 15 ba, kuma ƙwari kawai suke ci, musamman waɗanda ke tashi a saman ruwa. Rani da damina a cikin kogo suke zama, ba sa kwana a bishiya ko a rufin ɗaki. Lokacin sanyi sukan tafi wasu 'yan kogwanni masu tsananin sanyi su yi dogon barci na watanni, idan zafi ya fara kuma matan su dawo kogo mai ɗumi irin wannan su haihu. Ana ƙiyasta cewa kimanin 100,000 ne suke taruwa a Nickajack daga ƙarshen Afrilu zuwa farkon Oktoba. Kowace uwa ɗa ɗaya take haifa a shekara, a ƙarshen Mayu ko cikin Yuni, saboda haka wanda ya je daga Yuli zuwa Agusta, lokacin da 'ya'yan suka fara tashi tare da iyayensu, shi ya fi ganin cinkoso.

Yadda tafiyar take ba ta da wahala. Ana haɗuwa tun da sauran rana a wani mashigin ruwa da ake kira Maple View, jagoran ya raba rigunan kariya daga nutsewa, ya nuna yadda ake riƙe filafili, sannan a shiga ruwa a yi tuƙi a hankali har zuwa gaban shingen da aka kafa a ƙofar kogon. Nan ake tsayawa a jira. Da farko ɗaya-ɗaya za ka ga suna giftawa, har ka fara tunanin an yi asarar kuɗi, sai can bayan rana ta ɓace duhu ya fara sauka su ɓarko kamar hayaƙi, wasu su bi ta saman bishiyoyi, wasu su yi ƙasa-ƙasa da fuskar ruwa ta gefen jiragen, a haka har tsawon rabin sa'a ko fiye. Wasu jagororin sukan zo da wata 'yar na'ura da ke mayar da kukan jemage, wanda kunnen ɗan Adam ba ya ji, ya zama ƙara mai kama da ƙwanƙwasa, kuma da amsa-kuwwar wannan kuka ne jemagen yake gane inda ƙwaro yake da inda jirginka yake.

A ganina tafiyar ta cancanta, amma da sharaɗin ka san abin da za ka gani. Jemagun ƙanana ne, hasken kuma kaɗan ne, don haka hoton wayar hannu da wuya ya yi kyau, wanda kuma ya je domin hoto zai dawo da ɓacin rai. Ribar zama a cikin jirgi ita ce kana ƙasa, su suna tsakaninka da sauran jan sararin sama, kana jin motsin fukafukansu. In kuma aljihun ɗalibi bai ba da dama ba, akwai wata siririyar hanyar katako da ke kaiwa ga dandamalin kallo a gefen kogon, wanda ake tsayawa a kai ba tare da shiga ruwa ba.

Abu biyu zan ƙara maka. Na farko, kogon yana gundumar Marion, wadda agogonta yake bayan na Atlanta da Chattanooga da sa'a ɗaya, kuma wayar hannu takan yi ta sauya lokaci da kanta a wannan yanki, don haka ka tambayi masu shirya tafiyar da wane agogo suka sa lokacin haɗuwa. Na biyu, a watan Yuni rana takan faɗi wajen ƙarfe 9 agogon Atlanta, kuma magariba za ta riske ka a tsakiyar ruwa, sai ka yi alwala kafin ka shiga, ka kuma tambayi lokacin dawowa gaɓa domin ka san yadda za ka tsara sallarka.

Tambaya: Malam, 'yata tana aure a Amurka, ta aiko mini da labarin cewa za su je irin wannan kallo da mijinta da yara biyu. Hankalina bai kwanta ba, domin ba ta iya iyo ba, ga dare, ga shi kuma muna jin ana cewa jemage yana ɗauke da cututtuka. Shin in hana ta?

Amsa: Hajiya, damuwarki tana da tushe, domin duk wanda yake jin labarin kifewar jiragen ruwa a kogin Kwara da daddare ba zai ji an haɗa ruwa da duhu da yara hankalinsa ya kwanta ba. Sai dai akwai bambanci a yanayin. Kayak ba jirgin haya ba ne da ake lodawa mutane da kaya. Ɗan ƙaramin jirgi ne na mutum ɗaya ko biyu, wanda asalinsa mafarautan Inuit na yankin ƙanƙara suke ƙerawa da fatun dabbobin ruwa, yanzu kuma da roba mai ƙarfi ake yin sa. Ana zaune ne a ƙasansa, ana tuƙi da filafili mai baki biyu, kuma irin da ake ba baƙi yana da faɗi domin kada ya yi saurin kifewa. Ruwan wurin na tafki ne, kwance yake a mafi yawan ranaku, masu shirya tafiyar kuma sukan soke ta idan akwai tsawa ko iska mai ƙarfi.

Abin da ya kamata ki dage a kai shi ne rigar kariya. Ta sa ta, ta ɗaure ta sosai tun daga gaɓa har dawowa, ba ta ajiye ta a bayan jirgi ba, yaran kuma a ba su daidai girmansu, kowane yaro ya zauna a jirgi mai ɗaukar mutum biyu tare da babba. Ta kuma gaya wa jagoran tun kafin a tashi cewa ba ta iya iyo ba, kada kunya ta hana ta. Lokacin da ya fi haɗari shi ne na dawowa, domin duhu ya riga ya yi kuma akwai jiragen masu kamun kifi masu inji a tafkin. Saboda haka dokar ruwa ta Amurka ta wajabta wa mai ƙaramin jirgi riƙe farar fitila bayan faɗuwar rana, kuma babban aikin jagora na kirki shi ne ya tattara mutanensa wuri ɗaya ya ƙirga su har su taka ƙasa.

Game da cuta, gaskiya ne jemagu sukan ɗauki ciwon haukan kare, amma ta hanyar cizo ko yaƙushi yake kama mutum, ba ta giftawar jemage a sama ba. Ka'idar ita ce kada a taɓa jemage ko da an gan shi a ƙasa ko yana fafutika a ruwa, yara kuwa a ja musu kunne a kan haka, in kuma ya taɓa fatar wani a wanke wurin da sabulu a tafi asibiti a daren, ba a jira safiya ba. Sauran cututtukan da ake dangantawa da jemagu, kamar ciwon huhu da ake samu daga shaƙar ƙurar kashinsu, na masu shiga cikin kogo ne. A shekarar 2008 wata baƙuwa 'yar ƙasar Holan ta rasu da cutar Marburg, wani zazzaɓi mai kama da Ebola, bayan ta ziyarci wani kogon jemagu a Yuganda, amma wannan wani jinsin jemage ne na Afirka, kuma shiga wurinsu ta yi. A Nickajack ba a barin kowa ya wuce shinge. Ban ga dalilin hana ta ba. Sauro ne ma ya fi kusa da damun su, sai ta tafi da maganin shafawa da riga mai dogon hannu.

Tambaya: Ni manomi ne mai lambun mangwaro, kuma a wurinmu jemage ɓarawo ne. Me ya sa gwamnati guda za ta kashe kuɗi ta yi wa jemagu shinge, har ta hana mutane shiga kogon da kakanninsu suka saba shiga?

Amsa: Alhaji, ɓarawon naka da wannan ba sana'arsu ɗaya ba, domin na Nickajack bai taɓa ɗanɗana mangwaro ba, ƙwari yake kwashewa duk dare. An yi shingen ne saboda jinsin ya kusa ƙarewa. Tun da yake dukkansu suna cunkushewa a cikin 'yan kogwanni kaɗan, mutum ɗaya da tocila yana iya yin ɓarnar da ba ta misaltuwa: idan aka firgita iyaye a lokacin shayarwa sukan saki 'ya'yansu su faɗo, a nan kuwa ruwa ne a ƙasa, idan kuma aka tashe su daga barcin sanyi sukan ƙone kitsen da suka tara su mutu kafin ƙwari su dawo. Wani masanin jemagu, Merlin Tuttle, wanda ya yi shekaru yana bin wannan jinsi a kogwannin Tennessee da Alabama, yana cikin waɗanda suka nuna yadda yawansu yake raguwa, kuma a 1976 gwamnatin Amurka ta sa shi cikin jerin halittun da ke fuskantar ƙarewa. A farkon shekarun 1980 aka kafa shingen Nickajack, a 1992 kuma hukumar kula da namun daji ta jihar ta mayar da wurin mafaka. Daga baya wani dalilin ya ƙaru, wato cutar da ke sa wa jemagu farar hunhuna a hanci, wadda aka fara gani a jihar New York a 2006, ta kashe miliyoyin jemagu na jinsuna daban-daban, kuma mutum yana iya ɗaukar ƙwayarta a takalmi ko tufafi daga wani kogo zuwa wani. Wannan ne ya sa jagorori suke hana haska fitila cikin ƙofar kogon da ɗaga murya a gabansa.

Shi ma naka mai cin mangwaron yana biyan wani abu daga cikin bashinsa, domin yana watsa irin itatuwa zuwa nesa a cikin kashinsa, yana kuma kai ƙurar fure daga wata bishiya zuwa wata, har da kuka da ɗorawa, waɗanda furanninsu da dare suke buɗewa. Kuma shi ma ana biyan kuɗi a kalle shi: a gandun dajin Kasanka na ƙasar Zambiya miliyoyinsu suke taruwa daga ƙarshen Oktoba zuwa Disamba, baƙi suna hawa dandamali a kan bishiyoyi domin ganin tashinsu. 'Yan'uwanmu mazauna Nima da Mamobi a birnin Accra kuwa ba sa buƙatar jirgi ko tikiti, domin tsayuwa kusa da Asibitin Soja na 37 da almuru ta ishe su ganin dubban jemagu suna barin manyan bishiyoyin bakin titi zuwa kiwo.