Me zan fara dubawa a taswirar sauka idan hazo ya rufe?

Ɗan'uwa, ka tambayi inda ake fara karanta taswirar ILS, wato tsarin rediyo da ke jagorantar jirgin sama zuwa titin sauka, idan hazo ya rufe filin jirgi, kamar yadda yake yi a Kano da hunturu. Duba kwanan wata tukuna, domin duk kwana 28 ake sabunta bayanan. Sai mitar rediyo da lambar titin sauka. Ni dai inda nake daɗewa shi ne tsayin yanke shawara, wato inda za ka yanke ko ka sauka ko ka fasa: a rukunin ILS na 1 ba ya gaza ƙafa 200 daga titi. Ka kai nan ba ka hango fitilun titi ba, ƙara wa inji wuta ka sake tashi, ban da "bari in ɗan leƙa". Hanyar sake tashin kuwa haddace ta tun kana sama, lokacin ba ka da sukunin karatu.