Tambaya da Amsa: Ɗana zai tafi karatu Alabama

Assalamu alaikum Malam. Ɗana ya samu gurbin karatu a wata jami'a a jihar Alabama ta Amurka. Tun da takarda ta zo mahaifiyarsa ba ta barci, wai can ne ake wulaƙanta baƙar fata. Mu bar shi ya tafi?
Wani uba, Mabera, Sakkwato

Wa alaikumus salam Alhaji. Hajiya ba ta yi ƙarya ba, sai dai labarin nata ya kwana biyu. A Montgomery, babban birnin jihar, aka kama wata baƙar fata, Rosa Parks, ran 1 ga Disamba 1955 don ta ƙi tashi ta bar wa farar fata kujera a bas. Baƙaƙe suka ƙaurace wa motocin har kwana 381, da yawansu a ƙafa suke zuwa aiki. A Maris 1965 'yan sanda suka yi wa masu neman 'yancin zaɓe dukan kawo wuƙa a gadar garin Selma, kuma a shekarar aka sa hannu kan dokar da ta kare 'yancin baƙaƙe na yin zaɓe. A 2019 Montgomery ta zaɓi Steven Reed, baƙar fata na farko da ya zama magajin garinta. Yau babu mai tayar da yaronka daga kujera.

Abin da ya ƙi sauyawa shi ne aljihu. Na taɓa bin hanyar Selma zuwa Montgomery, kilomita 87, kusan nan da Illela. A yankin Lowndes na ga gidan da bututun masai ke zuba a fili bayan ɗaki, yara na wasa kusa. Ƙasar wurin laka ce, ba ta shan ruwa, kuɗin gina ramin da ya dace kuma ya fi ƙarfin masu gidan, jikokin waɗanda suka noma auduga suna bayi. Wallahi ban zaci haka a Amurka ba. Mafi ƙarancin albashi dala 7.25 ne a awa, tun 2009 bai motsa ba, don haka kada a sa ran zai riƙa turo kuɗin cefane.

Ku bar shi ya tafi, ku bi shi da addu'a. Zai tarar da kuɓewa da wake da mutane masu gaisuwa kamar Sakkwatawa. Amma ya riƙa tambaya kafin ya sa hannu a kwano, domin sukan jefa naman alade cikin wake da miyar ganye.