Tsohon da ya yi wa 'ya'yanmu tatsuniya a Budapest

Yaya, na ga saƙonki kan hoton nan da yara suka ci kwalliya a ƙofar gidan wasan kwaikwayo. Kika ce yaushe muka fara kai 'ya'ya kallon 'yan dirama, kuma wane ne Szabó Gyula da auta take ta ambata kamar kakanta.

Ɗan wasan kwaikwayo ne na nan ƙasar Hungari. Mutumin ma ya rasu tun 2014, auta ba ta zo duniya ba. An haife shi a 1930 a Kunszentmárton, wani ƙaramin gari. Szabó sunan gidansu ne, a nan shi ake fara kira. Ba jarumin da ake liƙa hotonsa a bango ba ne. Irin waɗanda ake ba matsayin baƙauye ko aminin jarumi ne, su zo su cinye wasan. Ya daɗe yana wasa a gidan wasan kwaikwayo na Thália, amma mu da muryarsa muka san shi.

Kin san fassarar fina-finan Indiya da ake yi a gida? To a Hungari kusan duk fim ɗin waje sai an ɗora masa murya, kuma manyan 'yan wasan dandamali ne ke yi, kowa da nasa mutumin. Shi ne bakin Columbo, ɗan sandan nan mai tsohuwar kwat na wani shirin talabijin na Amurka. Shi ne kuma mai ba da labari a fim ɗin zane na tatsuniyoyinsu da aka fara a garin Kecskemét a 1977. Da ya ce "Egyszer volt, hol nem volt", wato "ga ta nan ga ta nanku" ɗinsu, sai falo ya yi tsit. Ni kaina, da gemuna, a gaban wannan zanen kunnena ya buɗe da yaren, bayan na sha wahalar littafi.

Ba sa yi wa ɗan wasa kallon mara aikin yi. Akwai sarautar Ɗan Wasan Ƙasa, mutum 12 kacal, da albashi duk wata har mutuwa. In ɗaya ya rasu, sauran su zaɓi magaji. An naɗa Szabó a 2006.

Mu Hausawan nan ba mu da yawa, kuma ba ido rufe muke shiga ba. Makaranta kan kai yara ko muna so ko ba ma so, shi ya sa muka gwammace mu riƙa raka su. Kafin a sayi tikiti sai matanmu sun tambayi maƙwabciya abin da ke cikin wasan, don wasu sam ba na yara ba ne. Na rana muke zaɓa saboda magariba. Su sa kwat, mu sa kaftani, a miƙa rigunan sanyi wurin ajiya a karɓi lamba.

In an tashi sai tafin ya haɗu ya zama guda, kamar mata na luguden daka, har 'yan wasan su yi ta dawowa suna rusunawa. Daren nan auta ta ce in yi mata Gizo da Ƙoƙi, amma wai da muryar Szabó.